Tagwayen Shekaru: Kalandar Wata Duniya Mai Wata Biyu

Abubuwa uku ne a sama suke ƙidaya wa mutum lokaci, kuma babu wanda ya damu da ɗan'uwansa a cikinsu. Duniya tana juyawa a kan kanta, a samu kwana. Wata yana zagaya duniya, ya tsaya, ya cika, ya ɓuya, a samu wata. Ita kuma duniyar tana zagaya rana, a samu shekara. Babu wata doka a ilimin falaki da ta ce dole kwanaki su shiga cikin wata cif, ko watanni su cika shekara ba saura. Shi ya sa duk sa'ad da marubucin almara ya ƙirƙiro duniyar wasu halittu ya ba ta shekara mai kwana 360, wata 12, kowane wata kwana 30, sai in ga ya zubar da abin da ya fi daɗi a harkar. Ragowar lissafi ita ke haifar da kalanda, kuma a gindin wannan ragowar ake samun malamai da sarakuna da masu bin bashi, da rigimar da ke tsakaninsu.

A tamu duniyar shekarar rana kwana 365.24 ce, daga jinjirin wata zuwa wani jinjirin kuma kwana 29.53. Wata 12 suna ba da kwana 354 da ɗoriya, saura kusan kwana 11 kafin a cimma rana. Kalandar Hijira ta riƙe wata ta kyale rana, domin aya ta 37 ta Suratut Tauba ta hana wasan jinkirta watanni da Larabawa ke yi kafin Musulunci, don haka watanninta ke ratsa kowane yanayi su dawo inda suka tashi bayan kimanin shekara 33. Kalandar Miladiyya ta riƙe rana, watanninta suna ne kawai, ba ruwansu da abin da ke sama. Babilawa da Girkawa da Yahudawa da mutanen Sin da na Indiya su ne suka ce sai sun riƙe duka biyun: a fara wata da ganin wata, amma lokaci lokaci a cusa wata na 13 don kada lokacin shuka ya gudu ya bar sunansa. A shekara ta 432 kafin Miladiyya wani masanin taurari a Atina, Meton, ya bayyana cewa shekara 19 ta rana sun yi daidai da wata 235, bambancin bai wuce sa'a 2 da 'yan mintoci ba. Wato a cikin shekara 19 a yi ƙarin wata sau 7. Kalandar Yahudawa har gobe a kan haka take, tana ƙarin a shekara ta 3, 6, 8, 11, 14, 17 da 19.

To, mu ɗauki wata duniya ta ƙage, mu kira ta Zirmal. Lambobinta ni na zaɓa mata, amma da zarar an zaɓe su lissafi ne zai ja ragama. Kwananta sa'a 28 ne da agogonmu. Shekararta kwana 431.3 ce da kwanan can, kimanin kwana 503 namu. Tana da wata biyu: babba, Oru, wanda daga tsayuwa zuwa tsayuwa yake ɗaukar kwana 37.4, da ƙarami, Tiki, da ke gama nasa a kwana 8.78.

Batun kwanakin wata bai da wuya. A cikin kowane wata 5 na Oru, 3 su zama masu kwana 37, 2 masu kwana 38, jimla 187, wanda shi ne 37.4 sau 5 ba ragi ba ƙari. Yaro ma zai riƙe wannan a yatsun hannu ɗaya, in dai halittun can yatsu biyar gare su.

A wajen shekara ne gizo ke saƙar. Raba 431.3 da 37.4, za ka samu 11.53. Wata 11 kwana 411.4 ne, sun gaza shekara da kusan kwana 20. Wata 12 kwana 448.8 ne, sun zarce ta da kwana 17 da rabi. A kalandar Yahudawa da makamantanta akwai shekarar da za a kira ta yau da kullum, mai wata 12, sai kuma baƙuwa mai wata 13 da ke zuwa kusan sau ɗaya a shekara uku. A Zirmal babu wannan. Doguwar shekara da gajeriya kusan kai ɗaya suke a yawa, doguwar ma ta ɗan fi. Mutumin can ba zai ce "shekara" ya yi shiru ba, sai an tambaye shi wacce.

Ga yadda za su gano haka ba tare da na'urar hangen nesa ba. A ce akwai wata hasumiya da aka kafa sanda a kanta, da wani mai tsaro da aikinsa shi ne duba inuwar sandar da tsakar rana. Ranar da inuwa ta kai iyakar gajartarta ta fara komawa, sai ya dubi Oru ya zana kwanan watan a bango. Shekarar farko abin ya faɗo ranar tsayuwar wata, ya zana sifili. Shekara mai zuwa ya tarar wata ya yi kwana 20. Ta uku, kwana 2 da ɗan wani abu. Ta huɗu 22, ta biyar kusan 5, ta shida kusan 25, ta bakwai 7. Duk wanda ya tsaya gaban bangon zai ga layi biyu suna hawa tare, kowanne yana ƙaruwa da kwana 2.4 duk shekara biyu. Bayan shekara 15 sai layin sama ya kai 36.7, wato saura ƙasa da kwana ɗaya wata ya sake tsayawa. Lissafi ya kusa komawa inda ya fara. Shekara 15 kwana 6469.5 ne, wata 173 kuma kwana 6470.2. Wannan shi ne Meton ɗinsu: dogaye 8, gajeru 7.

Jera su ka ga abin da zai faru. Doguwa, gajeriya, doguwa, gajeriya, haka har a kai ta 15, wadda doguwa ce. Zagaye na gaba kuma da doguwa zai fara. Ke nan sau ɗaya a kowane zagaye dogaye biyu suna haɗuwa kafaɗa da kafaɗa, wata 24 a jere maimakon 23 da aka saba. Dalilin a fili yake. Yin karɓa-karɓa tsakanin 11 da 12 yana ba da matsakaicin 11.5, alhali sama tana neman 11.53. Wannan ɗan guntun, kwana 1.2 a shekara, shi ke taruwa har ya kai rabin wata a cikin shekara 15 da 'yan kai, sai a biya shi ta hanyar maimaita doguwa. Waɗannan tagwayen shekaru su ne ƙashin bayan kalandar Zirmal. Da su za a riƙa auna tsara, a ce wane ya ga tagwaye biyu, wance an haife ta shekara uku bayan tagwaye.

Sai dai zagayen 15 ma yana da rara. Kowane zagaye watanni suna zarce rana da kwana 0.7. Bayan zagaye biyu ya zama 1.4. In aka ja na ukun ya kai shekara 17, dogaye 9 gajeru 8, shi kuma sai ya gaza da kwana 1.7, kuskuren baya da na gaba su cinye juna, saura 0.3 kacal. Don haka babban zagayensu 15, 15, 17 ne, jimla shekara 47, wata 542. Kuskurensa kwana ɗaya ne a kimanin shekara 157 na can, bai yi nisa da na Meton ba, wanda ke zamewa da kwana ɗaya a kimanin shekara 219. Shekara 47 na Zirmal kuwa kusan shekara 65 ne namu. Mai tsaron hasumiya ɗaya ba zai ga zagayen sau biyu ba balle ya tabbatar da shi. Sai ya gaji bangon kakansa, ya kuma yarda cewa kakan bai yi barci a bakin aiki ba. Ilimi irin wannan a hannun zuriya ɗaya ko ƙungiya ɗaya yake zama, kuma wanda ya san cewa tagwayen bana za su makara da shekara biyu, alhali jama'a duk sun saba da 15, ya riƙe abin da ake saye da tsada.

Tsadar kuwa ta gaske ce. Doguwar shekara ta fi gajeriya da kashi 9 cikin 100. Wanda aka ɗauka aiki a kan ladan shekara, in ya faɗa cikin tagwaye, zai yi wata 24 a kan kuɗin da na gabansa ya karɓa a wata 23. Mai karɓar haya wata wata murna zai yi. Sarkin da ke karɓar haraji shekara shekara gajeriya yake so, hakimin da wa'adinsa shekara ɗaya ne kuma doguwa. Tarihinmu ya riga ya nuna yadda ake yi. Akwai wasiƙar Hammurabi, sarkin Babila, da ya ba da umarni a maimaita watan Ululu domin shekara ta gaza, amma a cikin wasiƙar ya ja kunne cewa harajin da ya kamata a kawo a wata mai zuwa a kawo shi a cikin watan ƙarin, kada kowa ya fake da sabon wata ya jinkirta. A Roma ikon ƙara wata yana hannun shugabannin addini, kuma marubutan Roma sun ba da labarin yadda sukan tsawaita shekara in nasu ne a kan kujera, su hana ƙarin in abokin hamayya ne. Abin ya lalace har sai da Yuliyas Kaisar ya ja shekara ta 46 kafin Miladiyya ta kai kwana 445 kafin watanni su koma mazauninsu. A Roma ba kowace shekara ake ƙarin wata ba, amma ga irin ɓarnar da aka yi da shi. A Zirmal kowace shekara sai an yanke wannan hukunci. Ina ganin 'yan kasuwar can da wuri za su daina rubuta yarjejeniya da shekara, su koma ƙirga watanni, a bar shekara ga manoma da fada.

Shi kuma Tiki aikin mako zai yi. Makonmu na kwana 7 bai jingina da komai a sama ba, gudu kawai yake yi ba tsayawa, bai san farkon wata ko na shekara ba. Makon Zirmal ana ganinsa da ido: ƙaramin wata ya tsaya, ya cika bayan kwana huɗu da 'yan sa'o'i, ya ɓace. Mako 4 masu kwana 9, na biyar mai kwana 8, sai ɗan gyara can ba a rasa ba. Ba kowane wata ne ke da wannan amfani ba. Phobos, watan duniyar Mars, yana gama zagayensa cikin sa'a 7 da minti 39, yana fitowa daga yamma ya faɗi gabas, ya fi kama da agogo fiye da kalanda. Shi ya sa kalandar Darian da Thomas Gangale ya tsara wa Mars a 1985 ta yi watsi da watannin Mars gaba ɗaya, ta yanka shekarar mai kwana 668 da ɗoriya na can gida 24.

Akwai wani tarko a nan da masu ƙirƙira da yawa ke faɗawa. Sukan ji cewa watannin Jupita uku, Io da Europa da Ganymede, suna tafiya a tsari na 1, 2, 4, sai su ce bari su ba duniyarsu wata biyu masu irin wannan jituwa don mako 4 su cika wata ɗaya daidai. Oru da Tiki ma haka suke. In aka auna da taurarin da ke bayansu, Oru yana zagaye a kwana 34.4, Tiki a 8.6, huɗu cikin ɗaya ke nan. Amma tsayuwar wata ba da taurari ake auna ta ba, da rana ake aunawa, rana kuwa ba ta tsaya jira. Kamar dogon hannun agogo ne da gajeren: dogon yana gama zagaye a minti 60, amma ba ya cimma gajeren sai bayan minti 65 da ɗoriya, domin kafin ya dawo gajeren ya matsa. Namu watan ma kwana 27.32 yake yi a gaban taurari, 29.53 a gaban rana. Wata mai nawa ya fi asarar lokaci a wannan tsere fiye da mai sauri, don haka 34.4 ya koma 37.4, 8.6 kuwa 8.78 kawai ya koma. Jituwar huɗu cikin ɗaya ta zama 4.26 a idon wanda ke tsaye a ƙasa.

Abin da ya fito daga wannan ya fi tsarin da aka so kyau. Wata 4 na Oru kwana 149.6 ne, mako 17 na Tiki kwana 149.26. Duk bayan wata huɗu sai watannin biyu su ɓuya tare, a yi dare mai duhun da babu irinsa, taurarin da ba a saba gani ba su fito. Haɗuwar tana zamewa da sulusin kwana kowane karo, har bayan karo shida sai tazarar ta zo a wata 3 maimakon 4, lissafi ya daidaita. Al'ummar da ta saba da hasken wata ɗaya ko ɗaya kusan kowane dare ba za ta ɗauki wannan dare da wasa ba. Ko biki za a yi ko kulle ƙofa, wannan ya rage ga mai labari.

Saura tambayar inda za a sa watan ƙarin, kuma a nan ne nake ganin za a raba gari. Mutanen Sin suna da dabara mai kyau. Sun yanka hanyar rana da alamomi, 12 daga cikinsu manya, duk watan da ya fara ya ƙare rana ba ta taka babbar alama ko ɗaya ba, shi ne na ƙari, sai ya ari sunan wanda ya gabace shi. Kalandar Indiya ma haka take yi da shigar rana sabon buruji. A Zirmal ana iya yin wannan ta fuska biyu. Wata ƙasa ta yanka hanyar rana zango 11, kowanne kimanin kwana 39.2, ya fi wata tsawo, don haka lokaci lokaci a samu watan da babu zango a cikinsa, a kira shi ƙari. Maƙwabciyarta ta yanka zango 12, kowanne kimanin kwana 35.9, bai kai wata ba, don haka lokaci lokaci wata ɗaya ya haɗiye zango biyu, a tsallake suna ɗaya. Na farko suna da sunayen wata 11 suna ƙarawa, na biyu suna da 12 suna ragewa. Sama ɗaya suke kallo, ranar tsayuwar wata ɗaya ce a wurinsu, amma kowa na ganin ɗan'uwansa ya juya lissafi a baibai. Mu ma muna da tsallake wata a kalandar Indiya, sai dai abu ne da ba kasafai yake faruwa ba. A can kusan rabin shekaru haka za su kasance.

Kuma ba a wuri ɗaya gyaran nasu zai faɗo ba. Hanyar da duniya ke bi a kewayen rana ba da'ira ce cikakkiya ba, in ta matso kusa ta yi sauri, in ta yi nisa ta rage gudu. A Mars abin ya yi ƙarfi har mafi tsawon yanayi a arewacinta ya kai kwana 194 na can, mafi gajarta kuma kimanin 142. Tun gyaran 1645 da ya sa kalandar Sin ta koma bin ainihin tafiyar rana, watan ƙari ya fi faɗowa a tsakiyar shekara, lokacin da muke nesa da rana, da ƙyar ake ganinsa a wajejen Disamba da Janairu. A Zirmal masu ƙari za su riƙa yin nasu a lokacin da rana ke tafiyar hawainiya, masu ragi kuma a lokacin da take sauri, rabin shekara tsakani. Wasiƙar da ta tashi daga wannan ƙasa zuwa waccan sai an yi mata tafinta na kwanan wata. Daga ƙarshe magatakarda za su koma ga abin da masana taurarinmu suka koma, wato ƙirga kwanaki a jere ba wata ba shekara, kamar lissafin da ake farawa daga shekara ta 4713 kafin Miladiyya.

Lambobin nan ma ba dawwamammu ba ne. Watanmu yana nisantar duniya da kimanin santimita 3.8 a shekara saboda jan da ke tsakaninsa da tekuna, kuma duk wata da ya yi nisa zagayensa tsawo yake ƙarawa. In Oru ma haka yake, 11.53 zai riƙa sauka a hankali. Tazarar tagwaye za ta koma 17, ta koma 19, ta yi ta faɗaɗa, ranar da wata ya kai kwana 37.5 kuwa tagwaye sun ƙare, bayan nan gajeru ne za su fara zuwa biyu biyu. Haka in aka juya baya, akwai zamanin da tazarar shekara 13 ce, dogaye 7 gajeru 6. Da irin saurin namu watan, tsakanin wancan zamani da na 15, 15, 17 miliyoyin shekaru ne. Saboda haka in masu tono a Zirmal suka ci karo da wani bango a ƙarƙashin ƙasa mai zanen zagayen 13, ko dai wanda ya zana bai iya lissafi ba, ko kuma wasu sun riga su zama a wannan duniya da tazarar da babu wanda ya taɓa kawowa a ransa.